Bashin gida na miliyan 10, don me zan biya miliyan 17?

Tambayar ta fito ne daga wani ɗan'uwa ma'aikacin gwamnati a nan Kaduna, mai shekara 40, yana ɗaukar albashin naira 240,000 a wata. Ya ga gida mai ɗaki biyu da falo a wajen Rigachikun, an yi masa kuɗi miliyan 12. Yana da miliyan 2 da ya tara, yana neman bashin miliyan 10. Ya leƙa wuri biyu. Wani bankin lamunin gidaje ya ce masa in ya bi ta Asusun Gidaje na Ƙasa, wato NHF, zai riƙa biyan naira 71,643 duk wata har shekara 20, ruwa kashi 6 cikin 100. Wani bankin kasuwanci kuma ya ce zai sallame shi da wuri, amma ruwa kashi 24, shekara 10, naira 220,481 a wata. Da ya zauna ya ninka na farkon sai ya ga miliyan 17 da ɗoriya, alhali a saninsa kashi 6 na miliyan 10 dubu 600 ne. Ga kuma abokin aikinsa da ya shekara biyar ana cire masa kuɗin bashin gida daga albashi, da ya karɓi bayanin asusunsa ya tarar bashin kamar ba a taɓa shi ba. Yana so ya san ko cutarsa ake shirin yi, da kuma wanda ya kamata ya ɗauka.

Malam, babu cuta a wannan lissafin, kuma ninkawar da ka yi daidai take. Naira 71,643 sau wata 240 ya kama kusan miliyan 17 da dubu 194. Na yi shekaru ina aiki a sashen bayar da lamuni, kuma wanda ya zauna ya yi wannan ninkawar kafin ya sa hannu ya fi mutane da yawa da na gani. Akasari ido na tsayawa ne kan abin da za a cire a wata, in albashi zai ɗauka shi ke nan.

Inda aka sami saɓanin shi ne kashi 6 ɗin nan na kowace shekara ne, ba na sau ɗaya ba, kuma ana lissafa shi ne kan abin da ya rage a wuyanka. Ka ɗauke shi kamar hayar shago: muddin kana ciki kana biya, gwargwadon faɗin wurin da ka riƙe. Kuɗin banki na hannunka, duk wata kana biyan hayar wanda ba ka mayar ba tukuna.

Mu bi shi wata-wata ka gani. Kashi 6 a shekara, in aka raba shi gida 12, rabin kashi ɗaya ke nan a wata. A watan farko ana bin ka miliyan 10 cif, to ruwan wannan watan naira 50,000 ne. Cikin 71,643 da aka cire maka, dubu 50 sun tafi ruwa, naira 21,643 kaɗai suka taɓa uwar kuɗi. Bashinka ya koma 9,978,357. A wata na biyu ruwan zai zama 49,892, abin da ya shiga uwar kuɗi 21,751. Bambancin naira ɗari da 'yan kai ne kawai. A haka abin zai riƙa tafiya, ruwa na raguwa kaɗan-kaɗan, rabon uwar kuɗi na ƙaruwa kaɗan-kaɗan, amma abin da ake cire maka bai canja ba.

Nan ne amsar abin da ya sami abokin aikinka take. In bashinsa irin naka ne, a shekara biyar ya biya kusan miliyan 4 da dubu 300. Cikinsu kusan miliyan 2 da dubu 790 ruwa ne, miliyan ɗaya da rabi kaɗai suka rage bashin. Saboda haka zai ga ana bin sa wajen miliyan 8 da dubu 490. Dole ransa ya ɓaci in ba a yi masa bayani tun farko ba. Sai an kai wajen shekara takwas da rabi kafin rabon uwar kuɗi ya fara rinjayar ruwa a cikin biyan wata. A shekara 10, rabin zango, sauran bashin miliyan 6 da dubu 450 ne, bai sauko zuwa rabi ba. A shekara 15 ya sauko miliyan 3 da dubu 700, daga nan kuma sai ya riƙa zubewa da sauri. A watan ƙarshe ruwan bai kai naira 400 ba.

Abin da nake so ka riƙe daga wannan shi ne, lokaci kake saye. Duk shekarar da ka ƙara a wa'adi tana sauƙaƙa maka wata, tana tsadanta maka gidan. Wannan miliyan 10 ɗin a kashi 6, in shekara 15 ne za ka biya 84,386 a wata, jimilla miliyan 15 da dubu 190. In shekara 30 ne, 59,955 a wata, jimilla miliyan 21 da dubu 580. Tsakanin 20 da 30, sauƙin da ka samu a wata bai kai dubu 12 ba, amma ka ƙara wa kanka fiye da miliyan 4.

Kai dai ba ka da zaɓi mai faɗi a nan. Ƙa'idar NHF ita ce biyan wata kada ya wuce kashi ɗaya cikin uku na abin da kake samu. Kashi ɗaya cikin uku na 240,000 dubu 80 ne, don haka shekara 15 ta fi ƙarfin albashinka. Shekara 30, wadda ita ce iyakar wa'adin asusun, ta matasa ce, domin ana so a gama biya kafin mutum ya bar aiki. Kuma ka duba takardar ɗaukarka aiki da kyau. Ma'aikacin gwamnati yana ritaya ne a shekara 60 da haihuwa ko shekara 35 a bakin aiki, duk wadda ta riga zuwa. In ka fara aiki kana da shekara 23, saura maka 18, ba 20 ba. A shekara 18 biyan watan zai koma wajen 75,800. Har yanzu yana ƙasa da dubu 80, amma gara ka sani tun yanzu da a ce sai takardu sun yi nisa.

Bashin bankin kasuwanci kuwa, ina gaya maka kai tsaye, kada ka kusance shi. Naira 220,481 daga albashin 240,000, da me za a ci abinci? Da wuya ma bankin ya amince in ya ga takardar albashinka. Jimillarsa miliyan 26 da dubu 460 ce a shekara 10. Wani zai ce to a ja wa'adin zuwa shekara 20 don a sami sauƙi. A kashi 24 jan wa'adi ba ya kawo sauƙin kirki: biyan wata zai sauko zuwa 201,741, ragin da bai kai dubu 19 ba, jimilla kuma ta haura miliyan 48. A watan farko na irin wannan bashin, dubu 200 cif ruwa ne, naira 1,741 ce ke shiga uwar kuɗi. In ruwa ya yi yawa haka, kusan duk abin da kake bayarwa yana tsayawa ne a ruwan.

Akwai kuma abin da ya fi yawan ruwan haɗari, wato rashin tsayuwarsa. Yawancin bashin bankunan kasuwanci akwai layi a takardar tayin da ke cewa banki na da ikon sauya ruwan in yanayin kasuwar kuɗi ya sauya. A farkon 2022 ma'aunin ruwa na Babban Bankin Najeriya kashi 11.5 ne. Zuwa Nuwamban 2024 ya kai 27.5. Waɗanda suka ci bashi mai ruwa maras tsayuwa a wancan lokacin sun riƙa samun wasiƙa bayan wasiƙa, kowacce da ƙari. A naka misalin, in aka ɗaga daga 24 zuwa 28 tun bashin yana sabo, biyan wata zai doshi dubu 249, ya wuce albashinka ɗungurungum. Na NHF kashi 6 ne a tsaye. Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya, FMBN, yana ba bankunan lamunin gidaje kuɗin a kashi 4, su kuma su ba mai asusu a kashi 6. Asusun an kafa shi da doka a 1992, kuma kashi 2.5 ɗin da ake cire wa ma'aikata duk wata shi ne jarinsa. Kuɗinku ne, ba alfarma ake yi maka ba.

Tunda muna maganar kashi, bari in ja kunnenka kan wata hanya da ake ruɗa mutane da ita, musamman a ƙungiyoyin gama kai na ma'aikata da wasu masu gina rukunin gidaje. Akwai ruwan da ake lissafawa kan abin da ya rage, irin wanda muka bi a sama. Akwai kuma wanda ake lissafawa kan asalin kuɗin tun daga farko har ƙarshe, ko da ka biya rabi. A ce ƙungiya ta ba ka miliyan 5, shekara 5, ta ce kashi 10. In kan asalin kuɗi ne, dubu 500 duk shekara, miliyan 2 da rabi ke nan, za ka riƙa biyan 125,000 a wata. In kan abin da ya rage ne, 106,235 a wata, ruwan duka bai wuce miliyan ɗaya da dubu 375 ba. Dukansu sunansu kashi 10, amma na farkon in aka auna shi da ma'aunin na biyu ya haura kashi 17. Ko naka kashi 6 ɗin, da a kan asalin kuɗi aka ɗora shi, da miliyan 22 za ka biya maimakon 17. Don haka duk wanda ya faɗa maka kashi, ka tambaye shi a kan me, kuma ka ce ya buga maka jadawalin biya na kowane wata daga farko har ƙarshe. Wanda ya yi ta kwana-kwana kan ba da jadawali, akwai abin da ba ya so ka gani.

Yanzu ga wurin da na fi jin tsoro a kanka, domin ba ka ambace shi a tambayarka ba. Ka ce kana da miliyan 2, gida miliyan 12, bashi miliyan 10. Lissafin ya rufe cif, babu ko sisi a gefe. To sayen gida da bashi yana da kuɗaɗen da ake biya a hannu kafin a ba ka makulli, kuma bashin ba ya ɗaukar su.

Akwai la'adar dillali, wadda ake ciniki a kanta amma ba ta yafuwa. Akwai kuɗin ƙwararren mai kimanta gidaje, domin banki ba ya aiki da farashin da kuka yi da mai gida, yana aiki ne da rahoton mai kimantawa. In ya ce gidan miliyan 11 ne, a kan miliyan 11 za a auna abin da za a ba ka, giɓin kuma daga aljihunka. Akwai kuɗin lauya, naka da na banki, wanda sau da yawa kai ne za ka biya. Akwai kuɗin bincike a KADGIS, hukumar da ke kula da takardun filaye a Jihar Kaduna, don a tabbatar takardar ta gaske ce, sunan mai sayarwa ne a kai, kuma ba a jinginar da gidan a wani wuri ba. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta ce ba a sayar ko jinginar da filin da ke da takardar mallaka ta gwamnatin jiha sai da amincewar gwamna. Kai kuwa abu biyu za ka yi a lokaci ɗaya, mayar da gidan sunanka da kuma jinginar da shi, kowanne da kuɗin hatimi da na rajista. In ana bin gidan harajin ƙasa na shekarun baya, sai an biya kafin takarda ta motsa, kuma ya kamata wannan ya fito daga kuɗin mai sayarwa, ku rubuta shi a yarjejeniya. Sannan kuɗin banki na sarrafa bashin. Ƙa'idar cajin bankuna da Babban Banki ya fitar, wadda ta fara aiki a 2020, ta kayyade kuɗin gudanarwa kada ya wuce kashi 1 na bashin, kuma sau ɗaya ake karɓa. In ka ga ana maimaita shi duk shekara, ka tsaya ka tambaya.

Ni in zan ba mutum shawara, nakan ce ya ware abin da ya kai kashi 10 na kuɗin gidan saboda waɗannan. In ya yi saura, ya sa a fenti da gyaran famfo. A naka, wajen miliyan ɗaya da dubu 200 ke nan, wanda ba ka da shi in ka zuba miliyan 2 duka a kafin alƙalami.

Akwai mafita biyu. Tun 2018 aka sauƙaƙa ƙa'idar kafin alƙalami a NHF: bashin da bai wuce miliyan 5 ba ba a neman komai, wanda ya wuce ana neman kashi 10. Kashi 10 na miliyan 12 miliyan ɗaya da dubu 200 ne. In ka ba da wannan, ka karɓi bashin miliyan 10 da dubu 800, biyan wata a shekara 20 zai zama 77,375, yana nan ƙasa da dubu 80, kuma dubu 800 sun rage maka na takardu. Farashin wannan sauƙin shi ne ƙarin ruwa wajen dubu 575 a tsawon shekarun. Amma in shekara 18 ce ta rage maka, wannan hanyar ta toshe, domin biyan zai haura dubu 81. Hanya ta biyu, tun 2022 hukumar fansho ta PenCom ta ba mai asusun fansho damar amfani da abin da bai wuce kashi 25 na ajiyarsa ba a matsayin kafin alƙalamin gidan zama, in ya yi aƙalla wata 60 ana zuba masa. Hanya ce mai kyau, amma ka san cewa daga abincin tsufanka kake yankowa. Ni dai na fi son mutum ya jinkirta wata shida ya ƙara tari da ya taɓa fansho, sai in gidan irin wanda ba a samu sau biyu ne.

Bayan an shiga gida ma akwai abin da ke biyo baya duk shekara. Banki zai wajabta maka inshorar gobara a kan ginin, da inshorar rai wadda za ta biya sauran bashin in ta Allah ta kasance. Mutane na ƙorafi a kan ta biyun, ni kuwa ita na fi ba muhimmanci. Bashi ake fara biya kafin a raba gado. Magidanci ya rasu a shekara ta shida, ana bin sa sama da miliyan 8, babu albashi, ga uwargida da yara a cikin gidan. In babu wannan kariyar, gidan ne zai tafi. Wanda zuciyarsa ba ta kwanta da inshorar da aka saba ba, akwai kamfanonin takaful, wato inshora bisa tsarin Musulunci, masu lasisi a ƙasar nan, ka tambayi bankin ko yana karɓar tasu. Kuma ka tabbata uwargida ta san inda takardar take, ta san sunan bankin. Sai harajin ƙasa na shekara, da gyare-gyaren da a da mai gida ke yi, yanzu kai ne mai gidan: rufi ya yi yoyo da damina, masai ya cika, katanga ta tsage. Kashi 2.5 na NHF ma ba a daina cire shi don ka karɓi bashi, sai dai ana mayar maka da shi in ka yi ritaya ka gama biya.

Tunda Kaduna ce, ka je ka ga gidan a watan Agusta ko Satumba, ko ka tambayi maƙwabta inda ruwa ke kaiwa. Duk wanda ya zauna a garin nan ya san abin da Kogin Kaduna ke yi wa unguwannin da ke bakinsa in ya cika, kuma ƙananan rafuka ma na yin ɓarna. Ka nemi ganin izinin gini na KASUPDA, hukumar tsara birane ta Jihar Kaduna. An sha rushe gine-gine a garin nan saboda suna kan hanya, ko ƙarƙashin babbar wayar wuta, ko a filin hukuma, kuma rushe gida ba ya goge bashin da ke kansa. Gidan da takardarsa ta tsaya a hannun mai unguwa da shaidu kaɗai, komai kyansa, banki ba zai karɓe shi jingina ba sai an yi masa takardar gwamnati.

To da duk wannan, miliyan 17 ɗin ta yi tsada? A ganina a'a, kuma ga dalilina. Naira 71,643 da za ka biya a shekara ta 15 ba ita ce 71,643 ta yau ba. Mafi ƙarancin albashi a ƙasar nan dubu 18 ne a 2011, ya koma dubu 30 a 2019, ya koma dubu 70 a 2024. Hauhawar farashi ta haura kashi 34 a ƙarshen 2024. A ƙasar da kaya ke tashi haka, bashin da ruwansa ya tsaya a kashi 6 nauyinsa raguwa yake yi a kafaɗarka shekara bayan shekara, domin lambar ba ta motsi, albashi kuma ko a hankali ne yana motsawa. Haya kuwa ba ta tsayawa, ka san yadda masu gida ke ƙari duk sabuntawa a Unguwar Dosa ko Kawo ko Barnawa. Ka ɗauki abin da kake biya na haya a shekara, ka raba gida 12, ka cire shi daga 71,643. Abin da ya rage shi ne ainihin sabon nauyin da za ka ɗauka. Shekara uku zuwa biyar na farko su ne masu wuya, su za ka yi wa shiri. In kana da wani bashin da ake cirewa daga albashi, na mota ko na ƙungiya, ka kashe shi tukuna.

Na san da yawa cikin masu karanta wannan za su ce ai duk wannan riba ce irin wadda addini ya hana, kuma maganarsu abar dubawa ce, ba abar wucewa ba. Hukuncin na malamai ne, ka kai musu takardar tayin kanta su gani, kada ka tsaya ga ba su labari da baki. Abin da zan iya faɗa ta ɓangaren sana'ata shi ne akwai hanyoyin da ba na ruwa ba. Bankin Jaiz ya fara aiki a 2012, kuma Kaduna na cikin garuruwa uku da ya fara buɗe reshe, tare da Abuja da Kano. Daga baya TAJBank da Lotus sun shigo. Irin waɗannan bankunan sukan bi ta murabaha, su sayi gidan su sayar maka da riba sananniya ka biya a hankali, ko ta ijara, wato su sayi gidan su ba ka haya, ko ta haɗin gwiwar da rabonsu ke raguwa, inda kuke mallakar gidan tare, kana biyan hayar kasonsu kana sayensa kaɗan-kaɗan. FMBN ma na da tsarin da mutum ke shiga gida a matsayin ɗan haya har ya mallake shi. Sai dai kada ka ɗauka rashin ruwa na nufin araha. Su ma a kasuwa ɗaya suke da sauran bankuna, ribarsu na iya yin nauyi, wa'adinsu kuma sau da yawa bai kai na NHF tsawo ba. Ka yi musu irin ninkawar da ka yi wa wancan: nawa a wata, wata nawa, jimilla nawa. A murabaha ka tambaya ko za a rage maka in ka biya da wuri, tunda farashin an riga an yanke shi. A ijara da haɗin gwiwa ka tambaya ko ana sake duba kuɗin hayar, kuma duk bayan wane lokaci.

Maganar biya da wuri tana da amfani ko a NHF. In ka ƙara dubu 10 a kan biyan wata tun daga farko, aka sa ta a uwar kuɗi, za ka gama a wajen wata 190 maimakon 240, shekara huɗu da wata biyu ke nan ka rage, ruwa kuma ka tsira da kusan miliyan ɗaya da dubu 680. Ƙarin da aka yi a shekarun farko ya fi na ƙarshe tasiri nesa ba kusa ba, saboda a lokacin ne bashin ke da girma. Sai dai ka tabbatar a rubuce cewa babu tara kan biya da wuri, kuma ƙarin a uwar kuɗi ake sa shi nan take, ba ajiye shi ake yi a matsayin biyan watan gaba ba. Ta fuskar lissafi zalla, mai bashin kashi 6 ba ya cikin gaggawa kamar mai kashi 24. Amma wanda ke son ya sauke nauyin kafin ritaya, ko don zuciyarsa ta huta da maganar ruwa, dalilinsa ya isa.

In wata ya zo ba ka iya biya ba, kada ka ɓuya. Tara na hawa kan abin da ba a biya ba, a ƙa'idar Babban Banki har kashi 1 a wata bayan ruwan da ke gudana, sunanka kuma na shiga rajistar masu taurin bashi da duk bankuna ke dubawa. Jihar Kaduna ta yi dokar jingina da karɓe gida a 2017, wadda ta sa hanyar mai ba da bashi ta fi ta da gajarta. Wanda ya je da ƙafarsa a watan farko ya ce albashi ya tsaya ko rashin lafiya ta same shi, ana iya sake tsara masa biya. Wanda aka yi wata shida ana nema yana kashe waya, lauya ne zai same shi.

Don haka na NHF za ka bi, amma ka shirya wa jira. Ba a cika samun sa da sauri ba, takardu na bi ta bankin lamunin gidaje zuwa FMBN su dawo, ana iya shafe watanni. Kafin ka cike fom, ka je ofishin FMBN na Kaduna da lambar asusunka ka karɓi bayanin abin da aka zuba maka. Cirewa daga albashi daban, isar kuɗin asusun daban, kuma ana neman aƙalla wata shida na zubi kafin mutum ya cancanta. In akwai giɓi, daga ofishinku za a fara gyara shi.

Mai gidan kuma, kada ka miƙa masa kuɗinka a kan amana da shaidar dillali. Lauya ya rubuta muku yarjejeniya mai ɗauke da farashin da ba zai canja ba har zuwa wata kaza, da sharaɗin cewa in bankin bai amince da takardun gidan ba, ko bashin bai fito a cikin wa'adin ba, za a dawo maka da kuɗinka cikin kwana kaza. In ya ƙi sa hannu a kan wannan, ka nemi wani gidan.